Ba Zan Wuce Nene Ba

Laraba, 3 ga Yuli, ƙarfe goma na safe

Tun jiya da yamma aka sa dokar hana fita, ba dare ba rana. Shagona na kitso a rufe yake. Kan Madam Hellen ma rabi na kitsa, rabi yana tsefe, a haka ta ɗaura ɗankwali ta ruga gida da aka fara guje-guje. Hannuna ya saba da aiki, zama ba ya karɓata, shi ya sa na ɗauko littafin nan da na saya don rubuta waƙoƙin zumuntar mata. Ubangiji ya gafarta mini, yau babu waƙa a bakina.

Na kira Nene sau goma sha ɗaya. Wayarta a kashe.

Bari in rubuta ko wace ce, ko da wani ne zai tsinci littafin. Nene matar Jibir ce. Rugarsu tana can ta hanyar Kagoma, inda take zaune da mijinta da 'ya'yansu uku da tsohuwarta, Inna mai ciwon gwiwa. Nono take kawowa Kafanchan. Shekara goma sha ɗaya ke nan, duk Asabar in ta sayar, sai ta sauke ƙwaryarta a shagona da ƙarfe huɗu, mu jingina waya da kwalbar man kitso, mu kalli fim ɗin Indiya mai dogon zango, fassarar Hausa. Kashi ɗaya a sati, ba ƙari. Dokarmu ɗaya ce, ba mai wuce wani. Ni na jawo mana dokar. A shekarar farko na yi satar kallo, ga bakina ba ya riƙe magana, na faɗa mata mijin zai mutu. Asabar uku ba ta taka shagona ba. Da ta dawo sai da ta sa na dafa Littafi Mai Tsarki, ita kuma ta rantse da Allah. Manyan mata biyu, a kan fim ɗin Indiya! Amma tun daga ranar ba wadda ta karya.

Asabar da ta wuce muka fara sabo. Kashi arba'in da takwas Umar Faruk mai tura finafinai ya zuba mana a memori. Na farko kaɗai muka gani.

Laraba, ƙarfe biyar na yamma

Godspower ya wanke kayansa da kansa. Ƙanena ne, ɗan acaɓa, shekararsa ashirin da takwas. Ni na raine shi tun da Mama ta rasu, kuma ban taɓa ganin ya wanke ko safa ba. Har takalmi ya wanke. Ban tambaye shi komai ba.

Alhamis, 4 ga Yuli, da azahar

A kashe.

Na rasa inda zan sa raina, sai na sake kallon kashi na farko. Wannan ai ba karya doka ba ce, tare muka gan shi.

A tashar jirgin ƙasa yake farawa, ana ruwa kamar da bakin ƙwarya. Wata yarinya tana sayar da shayi tare da babanta, mun sa mata suna Mai Shayi. Jirgi ya tsaya, wani saurayi ya sauko da farar riga da akwati, shi kuma Nene ta sa masa Dogo. Yarinyar ta juyo da butar shayi, shi ya juyo da akwati, sai kaca-kaca a gaban farar rigar. Ya zage ta, ta rama har da kari. Ya tafi a fusace ya manta laimarsa a kan bencinta. Da yamma ta koma gida ta tarar ana shara ana goge-goge, wai baƙo zai zo ganin yayarta. Aka buɗe ƙofa, sai ga Dogo da tabon shayi a ƙirji. Iska ta taso daga inda ba wanda ya sani, ta ɗaga gashinta, aka buga ganga sau uku, aka nuna fuskarsa, aka nuna tata, aka nuna ta uwar, aka sake nuna tasa. Shi ke nan, ya ƙare.

Mutum ɗaya ne yake yin duk muryoyin, har ta tsohuwar. In ya ƙanƙance murya ya ce "wayyo ni 'yasu", Nene har ƙwalla take yi don dariya. Akwai kuma wata saniya da take wucewa ta bayan tashar. Duk soyayyar da ake yi a gaba, ita saniyar Nene ta kalla, ta ce, "Keziya, wannan nagge bai ƙoshi ba. Mutanen nan sun iya rawa, ba su iya kiwo ba."

Yau da saniyar ta wuce sai na kife wayar.

Asabar, 6 ga Yuli, ƙarfe huɗu

Ƙarfe huɗu ne. Ina gida. Ba zan wuce ta ba.

Litinin, 8 ga Yuli, ƙarfe shida na yamma

Kwana shida babu wuta. Duk gidan nan namu na haya, ɗaki tara, mutum ɗaya ce mai sola, Maman Peculiar. Ta zama hakima. Wayoyi a jere a ƙofarta kamar masu jiran allura, ita ke cewa wane ya shiga, wane ya jira. Da na kai tawa ta ga memori a ciki, sai idonta ya buɗe.

"Sista Keziya, kina da fim kina ɓoyewa? Mutane suna mutuwa da tunani a nan!"

Gaskiyarta ce. Yara sun gaji da kuka, manya sun gaji da jin rediyo. Na fito da wayar tsakar gida, muka jingina ta da turmi. Mutum goma sha huɗu a kan waya ɗaya, har Baba Celestine mai gidan, wanda kullum yake cewa fim ɗin Indiya aikin marasa aikin yi ne. Shi ya fi kowa matsowa. Da shayi ya zube a rigar Dogo ya ce, "Yawwa! Maganin mai girman kai ke nan." Minti arba'in ba wanda ya ɗaga kai ya saurari waje. Na ji daɗin wannan, ba zan ɓoye ba.

Ana buga gangar ƙarshe na ɗauke wayata.

"Sa efisod tu mana," in ji Maman Peculiar.

Na ce babu.

"Ban gane babu ba. Na gani da idona, sun kai fifti."

Na ce suna nan, amma ba za a kalla ba sai Nene ta zo. Kowa ya san Nene, rabin yaran gidan nan da nononta aka yaye su. Maman Peculiar ta ce to in ba su, ni in shiga ɗaki in toshe kunne. Na yi dariya. Ita da ko mafarki ta yi sai duk layin nan ya ji kafin ta wanke fuska? Kafin gari ya waye na san wanda ya auri wa.

Suka ce to a maimaita na farkon. Aka maimaita.

Laraba, 10 ga Yuli, ƙarfe bakwai na safe

A kashe. Godspower ba ya cin abinci sai na tsaya a kansa. Duk gidan ana kallo, shi yana ɗaki.

Lahadi, 14 ga Yuli, ƙarfe biyu na rana

An sassauta doka, daga shida na safe zuwa shida na yamma. Mun je sujada. Benci uku na gaba inda mutanen ƙauyenmu suke zama in sun shigo gari, yau ba su cika ba. Fasto ya karanta sunayen waɗanda aka kashe. Na san biyar. Ɗaya ni na yi mata kitson aure. Na yi kuka har kaina ya yi ciwo, kuma kukan gaskiya ne, kada wani ya ce Keziya ba ta san namu ma sun tafi ba.

A bakin ƙofa Maman Peculiar ta riƙe hannuna a gaban matan zumunta.

"Kin ji sunaye, ko? Kin ji da kunnenki. Amma ke kina nan kina ajiye wa Bafilatana fim."

Na ce Nene nono take sayarwa.

"Dukansu ɗaya ne."

Na ce in dukansu ɗaya ne, to mu ma dukanmu ɗaya ne ke nan? Na faɗa, sai maganar ta dawo kaina. Na saki hannunta na taho gida ban jira addu'ar rufewa ta mata ba.

Godspower bai je sujada ba. Shi da yake kaɗa wa mawaƙan coci ganga.

Talata, 16 ga Yuli, ƙarfe goma sha ɗaya na safe

Maman Peculiar ta sa mini doka a kan doka. Ba kashi na biyu, ba caji.

"Abeg, Sista, dis wan na wikednes. Sati guda cur muna kallon shayi yana zubewa. Peculiar har ya haddace, yana yi wa babansa. Ki sa mana mu ga ko yaron nan zai auri yayan ne ko ƙanwan."

Ta san inda ke mini ciwo. In wayata ta mutu, Nene ta kira, wa zai ɗauka? Na tsaya da wayar a hannu, saura layi ɗaya. Na yi tunanin abin da kowa zai faɗa, cewa fim ne kawai, cewa Nene ba za ta taɓa sani ba. Ai shi ya sa. Duk abin da ya faru a satin nan biyu ba a tambaye ni ba, ban iya hana komai ba, ban iya gyara komai ba. Wannan ɗaya ne a hannuna. Alkawari kaya ne, kuma nawa bai fi ƙwayar gyaɗa girma ba, in na kasa ɗaukarsa me zan iya ɗauka?

Na ce ta riƙe solarta. Na ɗauki cajata na taka har bakin kasuwa, wurin mai janareto. Tafiyar minti arba'in, shingen sojoji biyu. Gobe ma zan je.

Laraba, 17 ga Yuli, da rana

Na je. Na dawo. A kashe.

Juma'a, 19 ga Yuli, ƙarfe biyar na yamma

Na buɗe shago. Madam Hellen ta zo na ƙarasa mata kanta, sai da na tsefe rabin farkon ma don ya tsufa. Ba wanda ya kawo nono gari. Wurin da masu nono suke zama a gindin mangwaro an share shi fes, har ya fi yadda nake so.

Asabar, 20 ga Yuli, ƙarfe huɗu da rabi

Sau ashirin da uku ke nan na kalle shi, ina ƙirgawa a bayan littafin nan. Ya kamata a ce ya ishe ni. Na san inda kuskure yake, tabon shayin yana hagu a tasha, a gida ya koma dama. Na san sa'ad da mai fassara ya yi tari bai goge ba. Duk da haka in aka fara kiɗan nan na farko, jirgi ya shigo, sai in ji ƙirjina ya sauka.

Yau na gane dalili. Shekara goma sha ɗaya ina kallon finafinan nan, na san halinsu. Nan gaba za a yi wa wani sharri, za a kori wata daga gida cikin ruwa, wani zai faɗi daga bene ya manta sunansa. Uwar nan mai murmushi, na rantse ita ce muguwar. Amma a kashi na farko duk ba a yi ba. Kowa yana da rai, kowa yana gidansu, babban laifin da aka yi a duniya shi ne an ɓata farar riga. Kuma in ina kallonsa, Asabar ɗin can ce har yanzu, Nene tana gefena tana warin man shanu da hayaƙin itace, tana cin gyaɗata ba ta tambaya ba.

Baba Celestine ya leƙo shago ɗazu, wai wucewa yake yi. Ya zauna ya kalla har ƙarshe. Da zai tafi ya ce, "'Yata, riƙe abinki. Kada ki kula su." Ban san yana gefena ba.

Litinin, 22 ga Yuli, ƙarfe takwas na safe

Na ce wa Godspower ya fito da babur ya koma aiki, an buɗe hanya. Ya ce taya ba iska. Na taɓa tayar. Da iskarta.

Talata, 23 ga Yuli, ƙarfe uku na rana

Tana da rai! Ubangiji, na gode. Tana da rai.

Umar Faruk ya buɗe shagonsa yau. Sati uku ke nan yana rufe da kwaɗo. Da na shiga muka kalli juna, ba wanda ya san gaisuwar da ta dace. Shi ya fara.

"Anti Keziya, ya muka ji da wannan abu?"

Na ce sai haƙuri. Ya ce in ƙarin fim nake so, kwamfutarsa ba ta tashi ba tukuna. Na ce ko na biyu ban gani ba. Ya dube ni, ya gane, don ya san dokarmu, ya sha yi mana dariya a kanta. Ya rage murya ya ce ƙanen Jibir ya zo har gidansa jiya neman caji. Suna Gwantu, gidan wata gwaggon Nene a bayan kasuwa. Jibir ya ji rauni a kafaɗa amma yana tashi. Yara lafiya. Wayar Nene ta tsaya a ruga, tare da komai.

Na ce Inna fa?

Ya ce, "Anti, ni dai abin da aka faɗa mini ke nan." Ya shiga goge kwamfutar da ba ta da datti.

Zan je Gwantu.

Laraba, 24 ga Yuli, ƙarfe shida na yamma

Na ce wa Godspower ya kai ni ranar Juma'a. Yana zaune bakin katifa, ya rame har wuyansa ya yi tsawo.

"Sista, kar ki je."

Na ce don me?

"Hanya ba kyau."

Na ce motoci suna zuwa suna dawowa tun Litinin.

Can ya ce, "Ta san fuskana."

Ta san fuskarsa mana. Lokacin da na kwanta taifod yana makarantar sakandare, wa ya riƙa kawo masa fura har gida? Wa yake ce masa Pawa, ya ɗauko mata ƙwarya daga bakin titi kyauta? Na buɗe baki in faɗi haka, sai na ga ba abin da yake nufi ke nan ba.

Ya yi magana mai tsawo. Ya yi kuka. Ya ce an ce musu kaza, ya ce shi kai mutane kawai ya yi, ya ce bai sauka daga babur ba, daga baya ya ce ya sauka. Ba zan rubuta sauran ba. Hausawa sun ce hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Ba su faɗi yadda ake cin abinci da shi ba.

Na mare shi. Ban taɓa ba tun yana ɗan shekara tara. Daga baya na dafa masa shinkafa na tsaya har ya cinye.

Alhamis, 25 ga Yuli, da safe

Zan iya fasawa. Ba wanda zai ce na yi laifi. Ba zan fasa ba.

Juma'a, 26 ga Yuli, ƙarfe shida da rabi na yamma

Na dawo. Bari in rubuta tun ban fara gyara shi a kaina ba.

Na cika wayar da caji, na ƙulle gyaɗa soyayya da atamfa ɗaya da 'yan kayan yara, na shiga mota. A Gwantu na yi tambaya sau uku kafin a nuna mini gidan. Matan da ke tsakar gida suka bi ni da ido, ba wadda ta amsa sallamata da ƙarfi. Wata tsohuwa, gwaggon ce, ta nuna mini bayan ɗaki da haɓa.

Nene tana zaune a tabarma tana tsince wake. Zanin jikinta ba nata ba ne, ya yi mata yawa. Ta ɗago ta gan ni. Ba ta tashi ba, ba ta kuma kore ni ba. Ta matsa kaɗan, na zauna a bakin tabarmar.

Muka gaisa kamar baƙi. Ya jikin Jibir, da sauƙi. Ya yara, lafiya. Na ajiye ƙullin, ba ta duba ba. Na waiga ko'ina a gidan nan ban ga Inna ba, kuma ban tambaya ba, don amsar tana fuskar Nene.

Duk abin da na shirya a mota ya gudu. Sai na ji bakina ya ce, "Ban wuce ki ba."

Ta tsayar da hannunta a cikin waken. "Me?"

"Fim ɗin. Na farko kaɗai nake ta kallo. Sati huɗu."

Ta dube ni kamar na haukace, kuma wataƙila ta yi gaskiya. Mace ta rasa gida da shanu da abin da ya fi su, ni na zo mata da zancen Dogo da Mai Shayi. Na ji kunya har na so ƙasa ta tsage. Sai ta ture tiren waken gefe.

"Sa shi."

Na jingina wayar da ƙullin kayan. Jirgi ya shigo, ruwa ya zuba, shayi ya zube. Mai fassara ya ce "wayyo ni 'yasu", ba wadda ta yi dariya. Saniya ta wuce, Nene ta bi ta da ido har ta fita. Aka buga ganga sau uku. Na kashe.

Ta ce, "Akwai abin da ba ki sani ba. Duk Asabar in na koma ruga, Inna yana jirana a bakin bukka. Ba ya gani sosai, ba ya jin Hausa sosai. Ni nake ba shi labarin da Fillanci, daga farko har ƙarshe, har muryoyin nake yi. Shekara goma sha ɗaya, mu uku muke kallo, ke ba ki sani ba." Ta ɗauki ƙwayar wake ɗaya tana juyawa. "Da na ba shi wannan ɗin, Inna ya ce mini, yaron zai dawo neman laima, ba don laima ba. Ya ce in zo in faɗa masa ko ya canka."

Na san in na tashi daga tabarmar nan ban faɗa ba, to na wuce ta a abin da ya fi fim, na san wani abu na bar ta a baya. Na ce, "Nene, Godspower yana cikinsu."

"Na sani."

"Ya ce shi..."

"Kar ki faɗa mini abin da ya ce. Na gan shi, ya gan ni." Muryarta ba ta tashi ba. "Tun da kika shigo nake jira in ji ko za ki faɗa da bakinki. Da kin tafi ba ki faɗa ba, da ko a hanya muka haɗu ban san ki ba."

Na yi kuka, ita ba ta yi ba. Na ce ban san abin da zan yi ba. Ta ce ita ma. Na ce ban zo neman gafara a madadinsa ba, wannan shi zai nema da ƙafarsa, in ma ana ba da irinta. Ta ce kada ya zo yanzu, Jibir yana da ƙanne.

Muka zauna. Wata yarinya ta kawo mini ruwa a kofi, Nene ce ta yi mata alama. Na sha duka.

Da zan tafi ta miƙo hannu. Na ɗauka sallama ce, sai ta ce, "Memori." Na ciro shi da farce na sa mata a tafin hannu. Ba ta da waya, ba ta da inda za ta sa shi. Ta ƙulle shi a bakin zaninta, ƙulli biyu.

"Ke kin riƙe sati huɗu. Yanzu ni zan riƙe. Ran da na iya kallon fuskarki ban ga tasa ba, zan kawo, mu ga na biyu."

Na ce yaushe?

"Ban sani ba, Keziya. Wataƙila ba rana. Kar ki tambaye ni."

Ta rako ni har ƙofar gida. Iyakar inda ta tsaya ke nan.

Asabar, 27 ga Yuli, ƙarfe biyar na yamma

Maman Peculiar ta aiko da safe, wai ta huce, in kawo waya ta sa mini caji, ko na farkon ne a sa musu. Na ce a gaya mata babu ko na farkon yanzu.

Wata ta zo kitso ƙarfe huɗu da rabi, na ce ta dawo Litinin, Asabar da yamma ba na karɓar kai. Ta ce ai ta ga ba kowa a shagon. Na ce na sani.

Na zauna har biyar. Ba ta zo ba. Ban sa ran za ta zo yau ba, ko wata mai zuwa. Na faɗa wa Godspower duk abin da ta ce, ban rage masa ko kalma ɗaya ba, kuma na faɗa masa duk Asabar ƙarfe huɗu shi zai kawo ni shagon nan a babur ɗinsa, ya tsaya a waje ya ga wurin da ba kowa, har biyar ta yi. Yau ya kawo ni. Yana nan a tsaye.